Yadda Ake Shirya Gajeren Fim na Ruwa da Haske da Wayar Hannu

Akwai wani nau'in gajeren fim wanda ba shi da jarumi, ba shi da labari, ba a magana a cikinsa, kuma mai kallo ba ya buƙatar gane ainihin abin da aka ɗauka kafin fim ɗin ya kama shi. Abin da ake nunawa shi ne motsi da launi da siffa da yadda haske ke sauyawa. Ga wanda ya tashi da finafinan da ake ginawa kan soyayya da rikicin gida da waƙa, wannan zai iya zama baƙon abu, amma tsohuwar hanya ce a duniyar fim. A shekarar 1929 Ba'amurke Ralph Steiner ya fitar da gajeren fim mai suna H2O, wanda ya fara da ruwan da kowa ya sani, na famfo da na rafi, sannan ya riƙa matsawa kusa har abin da ya rage a majigi ya zama zane-zanen baƙi da fari masu rawa. A shekarar ta 1929 kuma Joris Ivens da Mannus Franken suka nuna fim ɗinsu na ruwan sama a birnin Amsterdam. Wayar da ɗalibi ke riƙe da ita yau a Gombe ko Bauchi tana iya abubuwan da kyamarorin wancan zamani ba su iya ba, don haka kayan aiki ba su ne matsala ba. Abin da ya rage shi ne sanin inda za a ajiye haske da inda za a ajiye ido.

Kafin a taɓa waya, a fahimci abu guda wanda duk sauran matakan suka rataya a kansa. Ruwa mai tsabta a cikin daro ba shi da launin da kyamara za ta kama, saboda haka abin da ake ɗauka a gaskiya shi ne abin da ruwan ya yi wa haske: ko dai ya mayar da shi kamar madubi, ko ya lanƙwasa shi yayin da ya ratsa, ko ya tattara shi wuri guda ya zana zare-zare masu ƙyalli a ƙasan mazubi ko a jikin bango. Malamin nan na Basra, Ibnul Haisam, ya yi dogon bayani kan dawowar haske da lanƙwasarsa a littafinsa Kitabul Manazir shekaru dubu da suka wuce. Amfanin wannan ilimi ga mai ɗaukar fim a fili yake. Idan aka kalli ruwa daga sama kai tsaye, kusan kashi 2 cikin 100 kacal na haske ne ke dawowa daga fuskarsa, shi ya sa ake hango ƙasan daro sarai. Idan kuwa aka sauke waya har ta kusa shafar ruwan, fuskar ta koma madubi, a ga sama da itatuwa a ciki. Ke nan da daro ɗaya, ba tare da an canza komai ba sai tsayin hannu, ana iya samun hotuna biyu da ba su da alaƙa da juna.

Mataki na farko shi ne tara kaya, kuma yawancinsu suna cikin gida. A nemi daro mai faɗi, da farin faranti na tangaran ko na enamel, da baƙin tire ko baƙar leda mai kauri da za a shimfiɗa a ƙasan daro, da ƙaramin madubi, da kofin gilashi marar zane, da sirinji wanda aka cire wa allura, da tocila. Kan tocila akwai abin lura. Wadda ke da ƙwai guda ɗaya ta fi fitilar caji mai ƙwayaye da yawa, domin kowane ƙwai yana jefa nasa zanen, idan suka yi yawa sai zanen ya hau kan juna ya dusashe. Fitilar bayan wata wayar ta isa. Sai abin da zai riƙe wayar kada ta motsa: ƙafar kyamara idan akwai, in babu a cika safa da shinkafa ko yashi a ɗaure bakinta a kwantar da wayar a kai. A ganina wannan ya fi kowane kaya muhimmanci, domin ruwa yana motsi, idan kyamara ma tana motsi ido ya rasa abin da zai bi.

Mataki na biyu shi ne ƙwace iko daga hannun wayar. An ƙera kyamarar waya ne domin fuskokin mutane, don haka idan ta ga ƙyalli yana yawo sai ta riƙa ƙara haske tana ragewa, tana neman fokas, wato inda hoto zai fito da kaifi, tana rasawa, hoton ya riƙa numfashi. A danna allo a riƙe a kan wurin da ake so har alamar kullewa ta fito, sannan a ja hasken ƙasa har sai wuraren da suka fi ƙyalli sun daina ƙonewa. Gara hoto ya ɗan yi duhu, domin ana iya ɗaga duhu a wajen tacewa, amma farin da ya ƙone ba ya dawowa. Wanda wayarsa ba ta ba da wannan dama ba yana iya sauke manhaja irin Open Camera, wadda kyauta ce a Android. A bar ISO, wato ma'aunin yadda kyamara ke ƙara wa hoto haske, a mafi ƙanƙanta, a kulle daidaiton launi kada ya riƙa sauyawa tsakanin rawaya da shuɗi, a goge idon kyamarar da ƙyalle mai laushi, kuma kada a jawo hoto da yatsu. A matsa da wayar kusa.

Batun yawan firam, wato adadin hotunan da kyamara ke ɗauka a daƙiƙa guda, yana buƙatar a ɗan tsaya a kansa. Wutar lantarkin Najeriya tana juyawa sau 50 a daƙiƙa, kuma ƙwayayen fitila da yawa suna ƙyaftawa sau biyu a kowane juyi ta yadda ido ba ya gani amma kyamara tana gani. Idan za a yi aiki ƙarƙashin wutar gida, a zaɓi firam 25 ko 50 a daƙiƙa, da saurin shota, wato tsawon lokacin da kyamara ke karɓar haske a kowane firam, na 1/50 ko 1/100 na daƙiƙa, in ba haka ba za a ga baƙaƙen layuka suna gangarowa a hoton. Wutar janareta ta fi tayar da hankali, domin juyawarta ba ta tsayawa wuri ɗaya. Ɗaukar da ake rage wa gudu kuwa, wadda ake yi da firam 120 ko 240, a yi ta a hasken rana ko da tocila mai batir da aka kunna a mafi ƙarfinta. Abin da aka ɗauka da firam 240 aka kalla a 30 ya ragu da gudu sau takwas, ɗigo ɗaya ya zama abin da ake iya bi da ido daga faɗuwarsa har zuwa rawanin da yake ɗagawa. Saurin shota kuma shi ne ke yanke hukuncin siffar ruwa: a 1/1000 kowane ɗigo yana tsayawa shi kaɗai kamar dutsen ado, a 1/50 ɗigon ya miƙe ya zama zare.

Mataki na uku shi ne gwaji a tsakar gida, kuma a nan ya kamata a ɓata mafi yawan lokaci kafin a yi tunanin zuwa bakin dam. A fara da zanen bango. Da hantsi, lokacin da rana ke shigowa ta taga ko ta ƙofar zaure a karkace, a ajiye daro da ruwa kamar tsayin yatsa a inda hasken ya sauka, a kwantar da madubi a ciki, a juya shi har hasken ya faɗa kan bangon da ke cikin inuwa. A taɓa gefen daron da ɗan yatsa sau ɗaya, a jira. Za a ga ragar haske ta watse a bango, ta yi ta karo da kanta, sannan ta riƙa lafawa a hankali har ta koma dunƙule ɗaya mai numfashi. Wayar tana kallon bango ne, ruwan kansa ba ya cikin hoto. Daƙiƙun ƙarshe na lafawar nan su ne suka fi kyau, kuma su ne masu gaggawa ke yankewa. A bar kyamara tana ɗauka aƙalla rabin minti bayan an ga kamar komai ya tsaya. Idan aka jingina madubin a gefen daro ya karkata, rabinsa a cikin ruwa, ruwan da ke samansa zai raba hasken rana zuwa launukan bakan gizo a bango.

Daga nan a koma ga farin faranti da dare. A kashe duk wata fitila, a ɗaga tocila sama da ruwan kamar kamu uku, a ɗauki ƙasan farantin daga sama. Ƙara zurfin ruwa ko rage shi yana canza kaifin zaren hasken, don haka a riƙa zubawa kaɗan-kaɗan har a dace. Hura iska da baki, ɗigo daga sirinji, jan tsinken tsintsiya a fuskar ruwa, kowannensu yana ba da nasa zanen. Wanda ke da lasifika mai ƙarfi yana iya rufe ta da leda, ya ɗora tire mai ruwa kaɗan a kai, ya saki sauti mai kauri. Ruwan zai tsaya cikin jerin ƙananan tuddai masu tsari, abin da masanin kimiyya ɗan Ingila Michael Faraday ya bayyana tun 1831.

Akwai wata hanya da ke hannunmu wadda ta haɗa hoto da sauti a mazubi ɗaya, wato kiɗan ƙwarya. Mata masu amada suna kifa ƙwarya a cikin ruwa su buga, kuma kowane bugu yana aika zobba daga gefen ƙwaryar zuwa bakin mazubin su dawo. Idan aka haska wannan ruwa daga gefe aka ɗauki abin da ya faɗa a bango, hasken zai riƙa tsalle daidai da kiɗan ba tare da mai tacewa ya daidaita komai ba. A nemi wadda ta iya bugu, a yi mata bayanin abin da ake nufi, a biya ta haƙƙinta, a kuma tambaye ta ko tana son sunanta ya fito a ƙarshen fim. A roƙe ta ta fara da bugu ɗai-ɗai masu tazara, domin idan kiɗa ya yi zafi tun farko ruwan yana rikicewa gaba ɗaya, zanen ya ɓace.

Launi kuma ba sai an je kanti ba. A cika kofin gilashi da ruwa, a bar shi ya natsu na mintuna, a sa farar takarda a bayansa a haska takardar, sannan a saki zoɓo mai kauri daga sirinji a hankali. Zai sauka yana buɗewa kamar hayaƙi. Idan an sa masa sukari zai yi nauyi ya nutse da sauri, idan babu zai daɗe yana yawo. Ɗigon lemon tsami yana ƙara masa ja, ruwan kanwa kuma yana juya shi zuwa duhu mai ratsin shuɗi da kore, kuma wannan juyawa tana faruwa a gaban kyamara. Man gyaɗa a kan ruwa yana yin ƙwallaye waɗanda kowannensu ke lanƙwasa abin da ke ƙarƙashinsa, don haka idan aka ɗora kwanon gilashi a kan littattafai biyu aka shimfiɗa atamfa mai launi a ƙasa, kowane ƙwallo zai ɗauki nasa guntun atamfar. Shuɗin wanki ma yana aiki. Sharaɗi ɗaya ne a duk waɗannan gwaje-gwaje: kada bakin daro, ko hannu, ko gefen kofi ya shigo hoto. Da zarar mai kallo ya hango bakin daro, ya san girman abin da inda yake, kuma daga nan daro yake kallo.

Mataki na huɗu shi ne fita waje, bayan hannu ya faɗa. Jihohin Gombe da Bauchi ba su rasa ruwa ba: akwai dam ɗin Dadin Kowa a kan kogin Gongola da na Balanga a Gombe, akwai na Gubi da ke shayar da garin Bauchi, akwai kuma maɓuɓɓugar Wikki a Yankari, wadda ruwanta ke da ɗumin kusan digiri 31 duk shekara, garau har ana ganin yashin ƙasa, abin da ya sa zanen haske ke fitowa a ƙasanta da rana tsaka. A manyan dam-dam lokacin aiki shi ne daga wayewar gari zuwa hantsi, da kuma la'asar sakaliya zuwa faɗuwar rana. A tsaya ta yadda rana za ta kasance a gaba, a ɗauki hanyar ƙyallin da ta shimfiɗa a kan ruwa, a rage haske sosai har ruwan ya yi baƙi, ƙyallin kaɗai ya rage. A yankinmu rana ba ta daɗewa a ƙasa-ƙasa, don haka a iso da wuri a shirya kafin ta kai inda ake so. Gilashin da ke tace ƙyalli, ko ma tabarau mai irin wannan aiki da aka kara a idon kyamara, yana share madubin fuskar ruwa idan aka juya shi, kuma ya fi tasiri idan ana kallon ruwan a karkace kamar digiri 53 daga tsaye. Juya shi a hankali ana cikin ɗauka yana sa sama ta narke ƙasan ruwa ya bayyana.

Kowane lokaci na shekara da abin da yake bayarwa. Hazon hunturu yana kashe zanen haske mai kaifi, amma yana mayar da rana farin faifai wanda ake iya ɗaukar inuwarsa a ruwa, ruwa da sama su haɗe babu iyaka. Damina tana kawo ruwan indararo, wanda ya fi fitowa idan bayansa duhu ne kuma haske na zuwa daga gefe ko daga baya, da kududdufan bakin gareji inda mai ya shimfiɗa launuka a kan ruwa. Watannin Maris da Afrilu kuwa waya tana zafi ta tsaya da kanta, sai a riƙa lulluɓe ta da farin ƙyalle tsakanin ɗauka da ɗauka.

A bakin ruwa akwai ladabi da kariya. Dam wuri ne da ake tsaro, a nemi izini wurin ma'aikata kafin a fito da waya, a gaida masunta da sarkin ruwa idan akwai, domin su suka san inda ke da zurfi da inda dorina ke fitowa, kuma akwai dorina a yankin Dadin Kowa. Kada a juya kyamara wajen mata masu wanki ko yara masu wanka. Fim ɗin ma ba ya buƙatarsu. A guji tsayawa cikin ruwan da ba ya gudu saboda tsargiya, a ɗaura wa wayar igiya a wuyan hannu.

Mataki na biyar shi ne sauti, kuma a ɗauke shi daban. Bayan sallar Isha, lokacin da unguwa ta yi shiru aka kashe janareta, a kusantar da waya ga bakin randa a ɗauki ƙarar moɗa tana shiga, da ɗigo a cikin bokitin ƙarfe, da tulu yana cika sautinsa na sirancewa. Ba dole sautin ya dace da hoton ba. Ƙarar ɗigo ɗaya a kan hoton faɗin dam tana sa mai kallo ya rasa ko babba yake gani ko ƙarami, wanda shi ne abin da ake nema. A guji ɗora waƙar wani, saboda haƙƙin mallaka da kuma saboda waƙar za ta gaya wa mai kallo abin da zai ji tun kafin hoton ya yi aikinsa. Shiru ma yana da wurinsa.

Mataki na shida, tacewa, shi ne inda yawancin irin waɗannan finafinai ke lalacewa, domin mutum yakan tara hotuna masu kyau ya jera su kawai, sakamakon ya zama abin da ake sawa a allon kwamfuta idan ba a aiki. Tun da babu labari, dole a sami wata doka da za ta riƙe fim ɗin, a rubuta ta a jimla ɗaya kafin a buɗe manhaja. Tana iya zama tafiya daga ruwa mai natsuwa zuwa mai hargitsi, ko daga duhu zuwa fari tas, ko daga abin da ake ganewa zuwa abin da ba a ganewa, ko kuma kowane yanka ya faɗo a kan bugun ƙwarya. Duk hoton da bai bi dokar ba a cire shi, ko da ya fi sauran kyau. CapCut ko KineMaster sun isa a waya, a kwamfuta kuma akwai DaVinci Resolve da Shotcut da ake samu kyauta. A yanka a tsakiyar motsi, ta yadda igiyar da ta nufi dama a hoton farko za ta ci gaba a na biyu. A bambanta tsawon hotunan, wani ya kai daƙiƙa 20, wasu su wuce cikin ƙiftawa. Kifa hoto ƙasa ta koma sama, ko mayar da shi baya, ko cire launi gaba ɗaya, duk halal ne a wannan fage, amma kwalliyar da manhaja ke bayarwa ta juye-juye da walƙiya a bar ta. Ga fim na farko minti 3 zuwa 5 ya wadatar.

Mataki na ƙarshe shi ne fitarwa da nunawa. Ruwa yana wahalar da matse bidiyo fiye da kusan komai, domin kowane ɗigo na hoton yana sauyawa a kowane firam, shi ya sa fim ɗin da ya fito garau a waya yake komawa dabbare-dabbare bayan an tura shi ta WhatsApp. A fitar da shi a 1080p da mafi girman inganci da manhajar ta yarda, a tura shi a matsayin fayil, a kuma ajiye asalin hotunan a wuri biyu. Kafin a sake shi a intanet, a nuna wa mutum biyar ko shida a ɗaki mai duhu, a babban allo idan ya samu, ba tare da an yi musu bayani ba, a lura da daƙiƙar da wani ya fara duba wayarsa. A nan ne za a koma a rage. Wanda ke son fim ɗinsa ya fita waje yana iya duba bukukuwan da ke karɓar irin wannan aiki, kamar na Oberhausen a Jamus wanda aka kafa a 1954, kuma da yawa daga cikin bukukuwa suna karɓar fim ta shafin FilmFreeway. A karanta sharuɗɗansu tun kafin a ɗora fim ɗin a YouTube ko Facebook, domin wasu ba sa karɓar wanda aka riga aka sake ga jama'a.